Ruwan da Samed Ya Tara

Alhamis, bayan Asuba. Bawku.

Gidan cike yake da mata, har ɗakin da nake ajiye buhunan gero an shimfiɗa tabarmi. Kowa ya shigo sai ya kama hannuna ya ce, "Raihanatu, sai haƙuri." To na ji. Haƙuri nawa mutum ɗaya zai ɗauka?

Na zaga bayan gida in sha iska, sai na tsinci kaina a rumfar Samed. Tun ranar Talata babu wanda ya leƙa ta. Da zai hau babur zuwa Garu ya tsaya bakin shagona ya ce, "Yaya, ki duba min 'yan tuluna, yau ɗaya ce." Na ce masa ni 'yar kasuwa ce, ba baiwar ciyawa ba. Ya yi dariya ya tafi.

Yau ne na fara kallonsu da idon basira. Ganye dogo, a ƙarshen ganyen wani zare ya sauko, a ƙarshen zaren ɗan tulu mai murfi yana lilo, ja da kore, da ɗan ruwa a cikinsa. Ina tsaye tururuwa ta hau bakin ɗaya tana lasar zaƙi, santsi ya kwashe ta, ta faɗa ciki. Ba ta fito ba. Shi ke nan, tsiro ya karya kumallo. Shi ya sa Mma, mahaifiyarmu, take kiran su mayun Samed.

Ƙanena malamin kimiyya ne. A Aburi ya sayo su, ya ce asalinsu wasu tsibirai ne can gabashin duniya inda ruwa ba ya ɗaukewa. Ya rasa inda zai kawo su sai Bawku! Bawku a watan Maris, inda kaza ke yawo baki buɗe don zafi.

Buhunan da ya rataya kewaye da rumfar nawa ne, ga tambarina a jiki. Ɓarawo. Sun bushe ƙamas. Na jiƙa su.

Alhamis, La'asar.

An kawo babur ɗin. Madubi ɗaya ne kawai ya fashe. Ban tambayi kowa komai ba.

Juma'a, hantsi.

Saura ƙiris in yi ɓarna. Na ɗebo ruwan bohol a buta zan zuba musu, sai na ji muryarsa a kunnena kamar yana bayana. Bara na taɓa watsa ragowar ruwan alwala a tukunya ɗaya, ya fito a guje ba ko takalmi.

"Yaya! Kashe min su za ki yi?"

"Ruwa ne fa, ba kananzir ba."

"Ruwan ƙasa akwai gishiri a ciki, ke ba kya jin sa a harshe, su suna ji. Saiwarsu siririya ce kamar gashi, ƙonewa take yi. Ruwan sama kaɗai. Ba taki, ba ƙasar gona. A ƙasar da ba ta da komai suka taso, shi ya sa suka koyi cin ƙwari. In kika wadata su, sun mutu."

Na ce masa ashe har a tsirrai akwai 'yan baƙin ciki, a ba su su ƙi, sai sun yi farauta.

Jarkokin suna kusurwa, shuɗaye, guda uku ne masu ruwa. Shi ya tara da daminar bara. Duk sanda hadari ya haɗu yakan bar abinci ya fita da robobi, ya bari ruwan farko ya wanke kwanon rufi tukuna, sannan ya tara. Muna ta yi masa dariya daga ɗaki.

Jarka uku. Damina kuma a Bawku sai wanda ya gani. Dole su kai, ba ni da wani zance.

Asabar, bayan Azahar.

Mma ba ta cin komai. Ruwa ma sai an yi da gaske, ta kurɓa ta furzar, wai ɗaci. Ba ta kuka, ba ta magana, carbi kawai. Na fi son ta yi ihu.

Litinin, hantsi.

An matso da dokar hana fita, tun rana ba ta faɗi ba kowa ya shige. Rabin kasuwa a rufe. Mai kawo min masara daga Paga ya ce ba zai shigo ba sai ƙura ta lafa. Maza a ƙofar gida suna ta ƙus-ƙus, wane ne, daga ina, su nawa. Da na fito sai su yi shiru. Su yi ta yi. Ba na son in ji.

Kawu Sualihu ya bugo daga Salaga, ya ce da an gama taron gobe in kawo masa 'yar'uwarsa gida. Na ce to.

Tulu biyu sun bushe daga sama, sun yi launin ƙasa. Iska ce ta yi musu bushewa. Na ƙara buhu.

Alhamis, Magariba. Yendi.

Mun iso. Jikina duk ciwo.

A tasha direba ya ga jarkoki ya ce, "Hajiya, mene a ciki?" Na ce ruwa. Ya ce, "Ina za ki?" Na ce Yendi, daga nan Salaga. Ya kira yaransa su zo su ga matar da za ta kai ruwa garin rijiyoyi. Na ce masa ya yi dariyarsa ya gama ya ɗaure min kaya. Ya ce wuri babu. Na sauke jakar zannuwana biyu na ba maƙwabciya ta mayar gida, aka ɗora ruwa.

Tukwane huɗu na iya ɗauka, a cikin babbar roba, na rufe da jiƙaƙƙen zane, a kan cinyata. Sauran na bar su a rumfa. Na san abin da zai same su.

Ban yi tunani ba sai da muka fita gari. Hanyar Yendi ta Garu take bi.

Da muka kusa wurin, motar ta yi tsit, har mai sayar da magani ya rufe baki. Wata mata a baya ta ce, "A nan ne." Na cusa kaina ƙarƙashin zanen ina duba ganye. Ganye na duba, ganye kawai, har muka wuce Nakpanduri. Mma ta kalla. Na ji lokacin da carbinta ya tsaya.

Juma'a, bayan Asuba.

Gwaggo Zuwera, ƙanwar babanmu, ta yi aure a nan tun ban san kaina ba, har Hausarta ta koma rabi Dagbanci. Ta rungume Mma ta yi kukan da mu muka kasa. Ƙafa ta hana ta zuwa Bawku, don haka ta rantse ba za mu wuce ba sai ta yi tata sadakar ranar Lahadi. Ta sa an ɗaure rago.

Gwaggo ba ta san wani magani a duniya ba sai abinci. Tun da muka sauka kwano ke bin kwano. Mma ta kawar da kai.

Na ajiye tukwane uku a inuwar darbejiya. Ƙaramar, wadda ta fi laushi, na kai ta banɗaki bayan randa don akwai danshi.

Lahadi, La'asar.

Innalillahi wa inna ilaihi raji'un.

Dole sai na rubuta wannan.

An aike ni rabon waina da nama gidajen dangin mijin Gwaggo. Kafin in dawo Gwaggo ta juye tukwane ukun nan kaf. Ta zubar da ɓawon kwakwar da suke ciki, ta cika da baƙar ƙasar lambunta, ta haɗa da kashin shanu, ta kwarara musu ruwan rijiya har yana malala. Ba ta tsaya nan ba. Ta yanka hantar ragon sadaka ƙanana ta cusa a kowane tulu, ɗaya bayan ɗaya, har murfin wani ya karye.

Na same ta zaune tana wanke hannu, fuskarta fes.

"Gwaggo, me kika yi?"

"Na ciyar da su. Yaron nan ya bar marayu, ke kuma kin bar su cikin ɓawo kamar ba su da dangi. Ba an ce nama suke ci ba? Naman sadakarsa ne, su ma su samu rabonsu."

Ban san lokacin da na fara ihu ba. Na ce mata wa ya aike ta. Na ce mata garin neman gira ta tsokane ido. Na faɗi wasu maganganun da ba zan sa a takarda ba, gaban baƙi, gaban malaman da suka zo addu'a. Tsohuwa ta tsaya baki buɗe, hannu jiƙe, ta ce, "Raihanatu, a gidana baƙo bai taɓa kwana da yunwa ba."

Na ciro su na wanke saiwar da ruwan Samed. Baƙaƙe, sirara, suna tsinkewa a yatsuna. Na yi ta zubawa, na yi ta zubawa. Da na ɗaga jarkar sai na ji ta sakayau. Jarka guda cur.

Talata, hantsi.

Wari. Tulunan sun yi baƙi sun ruɓe, ƙudaje sun taru. Ashe tururuwa da ƙananan ƙwari ne iyakar abin da cikinsu ke iya narkarwa, hanta ta fi ƙarfinsu. Ganyen ya lanƙwashe kamar an zuba masa tafasasshen ruwa.

Yau Talata. Ba na son Talata.

Laraba, bayan Azahar.

Duka ukun sun tafi. Na tona rami bayan gida na zuba. Gwaggo ta biyo ni da sandarta ta tsaya nesa. Na je na durƙusa na ba ta haƙuri, ta ce ita ce da neman gafara, rashin sani ya fi dare duhu. Sai ta ce in zo in ci tuwo. Ikon Allah. Na ci, ina ci ina jin haushi.

Saura ɗaya, ta banɗaki. Tulu biyu gare ta, da wani sabon ganye da ke warwarewa.

Wani ya ce min ruwan da ake zuba wa batirin mota ba shi da gishiri, zai yi. Na je wurin mai gyara. Na ce ya rantse babu asid a ciki. Ya ce shi ba zai rantse a kan abin da ba shi ya dafa ba. Na dawo hannu wofi.

Asabar, La'asar. Salaga.

Gidan kakanninmu. Kawu Sualihu ya tsufa. Da ya ga Mma ya cire hula ya riƙe a hannu.

A nan iska ta fi laushi, kuma sun ce ruwa yakan riga na Bawku sauka da kusan wata guda. Na ji daɗi, wallahi na ji daɗi, karo na farko. Jarka ɗaya da rabi ke gare ni, tukunya kuma ɗaya ce. Ko da wasa za su kai.

Kawu ya ce, "Rijiya uku ke cikin gidan nan, ruwanmu har daga nesa ake zuwa ɗiba."

Na ce, "Kawu, ko rijiya ɗari ce, ba ya sha."

Ya girgiza kai ya ce, "Kamar mai shi. Shi ma tun yana yaro ba ya cin abin da kowa ke ci."

Na tashi na bar wurin.

Litinin, bayan Asuba.

Na rataye tukunyar a reshen mangwaro inda rana ke tsallakowa kaɗan-kaɗan, na kewaye da jiƙaƙƙen buhu. Jarkokin suna ɗakin da nake kwana da Mma, bayan ƙofa.

A ƙarshen zaren sabon ganyen akwai wani ɗan kumburi kamar ƙwayar wake, mai gashi-gashi. Na san shi. Samed ya sha jawo ni in gani: "Yaya, ga jariri." Haka tulu ke farawa, ya yi ta kumbura a rufe, ya haɗa ruwansa da kansa a ciki, sai ya ƙosa murfin ya buɗe. Ya ce in dai tsiron na yin sabon tulu, to ya yarda da wurin.

Ya yarda da ni ke nan?

Alhamis, hantsi.

Ruwa yana raguwa fiye da yadda nake zubawa. Ni mai awo ce, da mudu na girma, idona ba ya ƙarya. Kofi ɗaya nake ba ta da safe, ɗaya da yamma. Rabin jarkar nan ya ƙare tun jiya, bai kamata ba. Na duba gindi, ba ta yoyo.

Na shata layi da gawayi a jikin ta ƙarshen.

Juma'a, bayan Azahar.

Ya sauka ƙasa da layin.

Na sami Zalia, matar Kawu, a madafa. Na ce wa ke shiga ɗakinmu. Ta ce ita ke shara. Na ce to mai shara ta san inda ruwana ke tafiya.

Ta ajiye muciya ta ce, "Ni? Ni zan saci ruwa a Salaga? Ruwan da ya kwana wata da watanni a roba? Ko wanke-wanke ba zan yi da shi ba. Raihanatu, mun san abin da ke cin ki, shi ya sa kowa ke bin ki a hankali. Amma kar ki mai da ni ɓarauniya a gidan mijina."

Na ce babu abin da ke ci na. Ta kalle ni kawai, irin kallon nan. Gara ta zage ni.

Lahadi, Magariba.

Hadari ya haɗu gabas, baƙi ƙirin, iska ta taso har da ƙamshin ƙasa. Na fitar da roba. Ya zaga ya tafi. An ce ya sauka a Kpandai.

Litinin, La'asar.

Bai zo ba. Saura kamar mudu biyu.

Mma ta ɗan sha koko yau, har ta tambayi Kawu labarin wata ƙawarta. Zalia ba ta gaishe ni ba. Ta yi daidai.

Laraba, bayan Asuba.

Na gani.

Na fita alwala, sai na tuna na bar hijabina, na dawo. Mma tana durƙushe bayan ƙofa, ta karkata jarkar da hannu biyu tana zubawa a ɗan kofinta na silba. Ko ɗigo bai zuba ƙasa ba. Ta yi bisimilla ta sha a hankali, ido rufe.

Na ce, "Mma."

Ba ta firgita ba. Ta ce, "Shigo ki rufe ƙofa."

"Mma, ke ce? Na ci mutuncin Zalia a banza. Na ci na Gwaggo. Ruwan nan kin san na mene ne, in ya ƙare—"

"Na sani."

"To don me?"

Ta dubi kofin ta ce, "Ina zaune bakin ƙofa ranar da ya tara wannan. Ya jiƙe sharkaf, na ce zai yi mura, ya ce Mma ruwan Allah ne, ba ya cuta. Da hannunsa ya cika ta, da hannunsa ya ɗaure bakin. Tun ranar da aka kawo mana labarinsa duk ruwan da na kai baki ɗaci yake min. Wannan kaɗai ke wucewa."

Na zauna a ƙasa. Ina ta lissafin kofi da mudu, ina gadin ganye, ban taɓa tambayar kaina da me tsohuwar nan take rayuwa ba.

Ta ce, "Ke kina shayar da abin da ya shuka. Ni na shayar da shi kansa, shekara biyu. Wa ya fi wani haƙƙi?"



Ta ce, "Raihanatu, tun Bawku ban ji kin faɗa ba. Kin ce ranar Talata, kin ce abin da ya faru, kin ce taro. Ya ce miki yau ɗaya ce, ke kuma kin tsaya a ranar kina jira ya zo ya karɓi kayansa. Ba zai zo ya karɓa ba."

Na ce mata lokacin salla na wucewa. Na fita.

Laraba, hantsi.

Na je na durƙusa wa Zalia. Ta ce ta sani tun tuni, ta taɓa gani tana shara, Mma ta roƙe ta kar ta faɗa. Ta sha zagi ta yi shiru saboda tsohuwa. Kunya kamar ƙasa ta tsage in shige.

Alhamis, bayan Asuba.

Abin da ya rage bai fi kofi uku ba. Na juye shi a kwano na kai wa Mma, na ce nata ne duka, tsiro ya yi ta kansa. Da gaske nake, ko da yake kamar ana yankar naman jikina.

Ta sha kofi ɗaya. Ta tashi da kanta, ta dafa bango, ta fita tsakar gida, rabon da ta taka waje tun isowarmu. Ta tsaya gindin mangwaro ta daɗe tana kallon tukunyar. Ɗan waken ya kai babban yatsa yanzu, ya fara ja a gefe, murfin a rufe.

Ta ce, "Kai maye, buɗe baki."

Ta zuba sauran a gindinsa, a hankali, kewaye, yadda yake yi. Ashe duk shekarun nan tana kallo.

Ta miƙo min kwanon ta ce, "Ya ƙare. Ɗebo min na rijiya, zan gwada."

Ta yamutsa fuska, amma ta haɗiye.

Asabar, La'asar.

Ɓawon kwakwar ya fara bushewa daga sama. In ya yi tsanani zai kai jibi, ban sani ba.

Hadari ya sake haɗuwa, wannan karon daga kudu. Mma ta sa an fitar da duk robobin gidan, har da tukunyar tuwon Zalia, amma ta hana a jera su ƙarƙashin indararo. Ta ce a bari na farko ya wanke kwanon rufi tukuna. Kawu ya ce ta shigo kar ta yi mura. Ta ce ruwan Allah ne, ba ya cuta.

Tana can zaune kan kujera a tsakar gida, mayafi na kaɗawa, ta ɗaga kai sama. Ni ina bakin ƙofa da littafi a cinya. Bai sauko ba tukuna.

Samed ƙanena ya rasu ranar Talata a hanyar Garu. Shekararsa talatin da ɗaya. Allah ya jiƙansa.

Na rubuta, Mma.